Willy Loman da Ƙaryar da Muke Kai Wa Gida



Wani dare a zangon da ya wuce an ɗauke wuta a hostal, zafi ya hana kowa barci, sai abokin ɗakina da ke karanta kasuwanci ya kunna wani tsohon fim a laftof ɗinsa. Ya ce lakcaransu ne ya sa su kalla. Ni lantarki nake karantawa, ba abin da ya haɗa ni da fim ɗin, na dai matso ne don dare ya yi sauri. Kafin batir ya mutu surutuna ya ƙare. Bayan kwana biyu na samo rubutaccen wasan na karanta shi kaf, ƙamus na gefena. Sunansa Death of a Salesman, na Ba'amurken marubuci Arthur Miller, wato mutuwar wani mai tallar kayan kamfani. Dalilin da ya sa ya taɓa ni haka shi ne, a lokacin ina ɗauke da wata ƙarya da na kai gidanmu, wata bakwai tana cin raina. Zan zo kanta. Bari in fara da wasan.

An haifi Miller a New York a 1915. Mahaifinsa yana da masana'antar ɗinka tufafin mata, karyewar tattalin arzikin Amurka ta 1929 ta cinye dukiyar, iyalin suka tattara suka koma unguwar Brooklyn. Ka ga ke nan tun yana yaro ya ga yadda uba ke faɗowa daga sama a gaban 'ya'yansa. An fara nuna wasan a Broadway ranar 10 ga Fabrairu, 1949, Elia Kazan ne ya ba da umarni, aka yi ta nuna shi har sau 742, kuma a shekarar ya ci kyautar Pulitzer. A 1983 Miller da kansa ya je Beijing ya shirya shi da 'yan wasan ƙasar Sin a cikin harshensu. Fim ɗin da muka kalla na 1985 ne, Dustin Hoffman ya fito a uban, John Malkovich a babban ɗan.

Labarin a taƙaice: Willy Loman dattijo ne ɗan shekara 63, yana zaune a Brooklyn da matarsa Linda. Ya fi shekara 30 yana tuƙa mota gari-gari a yankin New England da akwatunan samfur yana tallar kayan kamfani ɗaya. Da ƙarfi ya ƙare, ciniki ya ja baya, sai kamfanin ya yanke masa albashi ya bar shi da kamasho zalla, kamar sabon shiga. Gida na bashi ne, firij da mota duk biyan kaɗan-kaɗan ake yi. 'Ya'yansa biyu, Biff mai shekara 34 da Happy mai 32, babu wanda ya zama abin da uban ya yi ta mafarki. Hankalin Willy ya fara gushewa, yana magana shi kaɗai, yana hira da yayansa Ben wanda ya riga ya mutu, wanda ya tafi Afirka tun yana saurayi ya yi arziki da lu'ulu'u. Cikin kwana ɗaya da dare biyu komai ya rushe: aka kore shi daga aiki, 'ya'yansa suka bar shi a gidan abinci suka bi 'yan mata, daga ƙarshe ya ɗauki mota ya kashe kansa, da tunanin wai Biff zai samu dala 20,000 ta inshora ya ja jari. Wajen jana'izarsa babu kowa sai iyalinsa da maƙwabcinsa Charley da ɗan Charley ɗin. A ranar ne kuma Linda ta biya kason ƙarshe na bashin gidan da suka yi shekara 25 suna biya.

Da muka gama kallo, abokin ɗakina ya ce kamfanin ne ya kashe mutumin, shi ke nan. Ban musa masa gaba ɗaya ba. Duk wanda ya ga inda Willy ya je wurin Howard, ɗan tsohon maigidansa, ba zai wanke kamfanin ba. Dattijo ya zo roƙon a bar shi ya yi aiki a cikin gari saboda ya daina iya doguwar tuƙi, shi kuwa yaron hankalinsa na kan sabuwar rakodarsa, yana ta kunna masa muryar 'ya'yansa. Willy ya nemi dala 65 a mako, ya sauko 50, ya sauko 40, ƙarshenta ya fito ba aikin ma gaba ɗaya. Wannan zalunci ne, ba shi da wani suna. Mu ma nan mun san yayyenmu da suka gama difloma suna yawo a rana suna neman wanda zai buɗe asusu ko ya sayi kaya, in wata ya ƙare ba su cika adadin da aka yanka musu ba a sallame su. Wasu cikinmu can za mu faɗa, sai dai Allah ya kiyaye.

Amma ni ra'ayina, kamfani aikin Willy ya ƙwace. Abin da ya kai shi kabari a gida yake, kuma ƙarya ce. Dalilina shi ne, bayan an kore shi akwai ƙofa a buɗe. Charley ya yi masa tayin aiki ba sau ɗaya ba, aikin cikin gari ba tafiye-tafiye, dala 50 a mako. Willy ya ƙi. Abin mamaki, shi wannan Charley ɗin ne yake ba shi rancen dala 50 duk mako, ya kai gida ya nuna wa Linda kamar ita ce ladan cinikinsa. Ya yarda ya ci bashin maƙwabci a ɓoye, bai yarda ya yi masa aiki a fili ba, don yin aikin zai tona cewa duk kurin da ya yi shekara da shekaru iska ne. Hausawa suka ce girman kai rawanin tsiya, to wallahi ban taɓa ganin inda maganar ta zauna daram kamar nan ba.

Kuma ƙaryar ba ta tsufa ba ce, tun yana da ƙarfinsa yake yin ta. Akwai inda aka koma baya aka nuna shi ya dawo daga tafiya yana cika baki da cinikin da ya yi. Linda ta ɗauki fensir ta lissafa kamasho ya haura dala 200. Sai ya fara ja da baya, yana rage adadi, yana kawo uzuri, har lissafin ya tsaya a dala 70 da 'yan kai. Yaran suna tasowa a cikin wannan iskar. Happy ya girma yana ƙara wa muƙaminsa tsawo, alhali shi ɗaya ne daga cikin mataimakan wani mataimaki. Biff kuwa, gidan gaba ɗaya sun yarda cewa ya taɓa zama babban mai talla a wurin wani ɗan kasuwa Bill Oliver, har aka tura shi ya je ya ranto jari a wurinsa. Ya yi awa shida yana jira, mutumin ya fito bai ma gane shi ba. A nan Biff ya tuna ashe shi ɗan ƙaramin ma'aikaci ne mai tura kaya a wurin, ƙarya ce aka yi ta maimaitawa a gida har shi ma ya ɗauka gaskiya ce. Don haushi da ruɗewa ya sace alƙalamin mutumin ya gudu.

Wadda ta fi tsaya mini a rai ita ce Linda, domin ita ce ta fi kama da iyayenmu mata. Ta san maganar bashin Charley, ta yi shiru. Ta gano wani guntun tiyo na roba da Willy ya ɓoye kusa da bututun gas, ta gane me yake shirin yi da shi. Kullum sai ta ɗauke shi, in lokacin dawowarsa ya yi sai ta mayar inda yake, don kada ya san ta sani ya ji kunya. Duk Bahaushen da ya ga wannan zai ce ai rufin asiri take yi wa mijinta, kuma rufin asiri abu ne mai daraja a wurinmu. Ni ma na yarda yana da daraja. Gidan da aka kwana ba a ɗora tukunya ba amma maƙwabta ba su ji ba, wannan gidan mutunci ne. Sai dai rufin asiri na waje ake yi wa, bango ne tsakanin gida da titi. In aka kawo bangon tsakar gida aka gitta shi tsakanin miji da mata, ko tsakanin uba da ɗa, kowa ya san abin da ake ciki amma kowa yana yi kamar bai sani ba, to ya tashi daga rufin asiri ya koma yaudarar juna. Linda tana son mijinta, babu shakka. Amma a ƙoƙarin kare masa fuska ta bar tiyon a inda yake.

Sai kuma ma'aunin da Willy yake auna mutum da shi. A wurinsa, abin da ke kai mutum gaba shi ne farin jini: iya shiga, iya gaisuwa, a san ka, a so ka. Ya taɓa ganin wani tsohon mai talla ɗan shekara 84 da ke zaune a ɗakin otal yana ciniki ta waya saboda kowa ya san shi, tun daga ranar ya ɗora rayuwarsa a kan wannan hoton. Haka ya tarbiyyantar da Biff. Yaron tauraro ne a wasan ƙwallon makarantarsu, sai uban ya riƙa zuga shi. Ya ɗauko ƙwallon makaranta ba izini, uban ya yi dariya. Suka kwaso katako daga inda ake gini, uban ya yaba musu jarumta. Bernard ɗan Charley, mai tabarau da littafi a hammata, yana ta gargaɗin cewa Biff zai faɗi lissafi, Willy yana yi masa ba'a. Biff ya faɗi lissafin kuwa. Ya tafi Boston neman ubansa ya zo ya roƙar masa malami, sai ya tarar da shi a ɗakin otal da wata mace, har yana ba ta safa sabuwa alhali mahaifiyarsa tana gida tana ɗinke tsofaffi. Daga ranar Biff bai sake tsayawa da ƙafarsa ba. Shi kuwa Bernard da ake wa dariya, lauya ya zama, har yana zuwa Kotun Ƙolin Amurka kare ƙara, kuma bai ma tsaya yi wa Willy kuri da hakan ba.

Mu dubi kanmu mana. Sau nawa muke jin ana cewa a ƙasar nan ba abin da ka sani ba ne, wa ka sani? Ban ce babu gaskiya a ciki ba, hanya tana aiki, kowa ya gani. Amma akwai ɗalibin da ya mayar da maganar addini: ba ya shiga wokshop, firatikal sai a sa masa hannu, lokacinsa duk na bin manya ne da tara lambobin waya. Ranar da zai je ofishin wanda yake taƙama da shi, Allah ya sa kada ya yi awa shida a benci a fito a ce wane ne kai.

Abin da ya fi ba ni haushi a matsayina na ɗan Poli shi ne, Willy yana da sana'a a hannunsa bai ɗauke ta sana'a ba. Shi ya yi silin ɗin falonsa, shi ya gina matakalar ƙofar gida, ya ƙara banɗaki, ya tayar da gareji. A bakin kabarinsa Biff da Charley suka tuna cewa ba a taɓa ganinsa cikin farin ciki kamar in yana kwaɓa siminti ba. Yana alfahari da iya riƙe kayan aiki, har yana yi wa Charley gori da shi, amma da Biff ya kawo zancen zama kafinta sai ya nuna ai danginsu sun wuce nan. Biff yana son aikin gona da dabbobi a yammacin Amurka, yana samun dala 28 a mako, hankalinsa a kwance, sai tunanin abin da uban zai ce ya hana shi sakat ya dawo gida yana jin shi ba kowa ba ne. Wasan bai taɓa faɗin kayan da Willy yake sayarwa ba, amma ya lissafa abubuwan da ya gina da hannunsa ɗaya bayan ɗaya. Ni dai ban ɗauki wannan a matsayin mantuwa ba.

Mu da ake nuna wa bambanci tsakanin mai babbar difloma da mai digiri, mun san zafin raini. Amma mu faɗi gaskiya, wani rainin mu muke yi wa kanmu. Ɗalibin injiniya zai ji kunyar a gan shi da kayan aiki da baƙin mai a hannu a unguwarsu, ya fi so a gan shi da fayil a hammata yana zagayen ofisoshi shekara uku. In an tambaye shi sai ya ce ana nan ana ƙoƙari, an kusa kira.

To ga tawa ƙaryar. Bayan shekarar farko na yi SIWES na wata huɗu a wani kamfanin haɗa sola. Ranar da zan tafi manajan ya ce in riƙa leƙo su. Iyakar abin da ya faɗa ke nan. Kafin in isa gida maganar ta yi ƙiba a bakina, na ce wa Baba ai manaja ya ce ina gamawa aikina na jira na. Baba ya yi shekara 19 yana raba kayan wani kamfani ga masu shaguna kafin a rage ma'aikata a haɗa da shi, don haka na san abin da kalmar aiki take nufi a kunnensa. Fuskarsa ta washe irin yadda na daɗe ban gani ba. Ya faɗa a majalisarsu, ya faɗa wa ƙannensa. Umma kuwa tana wani adashi da ta yi niyyar in ta kwasa za ta saya mini mita da diril da sauran kayan aiki, da ta ji an samu aiki sai ta juya kuɗin zuwa kayan ɗakin ƙanwata. Ina gani na yi shiru. Duk hutun da na je sai Baba ya ce, "Yaya mutumin naka, kuna gaisawa dai ko?" In ce ƙwarai kuwa. Alhali sau biyu na kira, bai ɗauka ba.

Na kalli Biff a bencin Bill Oliver sai na ga kaina. Hutun da ya biyo baya na fara samun Umma a madafi na gaya mata. Ta daɗe tana kallona, sannan ta ce, "Ka je ka faɗa wa babanku da bakinka, ni ba zan ɗaukar maka wannan ba." Bayan sallar isha'i na durƙusa gabansa na ce, "Baba, maganar aikin nan ni na ƙara mata gishiri. Manajan bai yi mini alƙawarin komai ba. A yi haƙuri." Ya yi shiru har na fara jin ƙarar agogo. Can ya ce, "To me ka iya?" Na ce na iya wayarin ɗin gida, na iya haɗa sola da inbata. Ya ce, "Da wannan ka zo mini da shi tun farko, da ya ishe ni. Yanzu ka ja mini komawa majalisa in warware maganar da na yi." Kwana biyu bai sake mini fuska ba. Kuɗin kayan aikin kuma sun tafi, sai dai in tara da kaina a shekarar aikin koyon da ke gabana kafin babbar difloma. Amma tun daga ranar nake iya haɗa ido da shi.

Na san abin da wasu za su ce. Na farko, ai tarbiyyarmu ba irin ta Amurka ba ce, ɗa ba ya tsayawa ya ɗaga wa ubansa murya yana tona masa asiri kamar yadda Biff ya yi a daren ƙarshe. Haka ne, kuma ba na kiran kowa ya yi hakan. Muna da hanyoyinmu: a bi ta wurin uwa, ko kawu, ko aminin uba, a zaɓi lokaci, a durƙusa, a sassauta murya. Ladabi yana gyara yadda za a faɗi magana ne, bai ce a canja ta ba. Kuma ni kan kaina na tona, ban je ina lissafa wa Baba kurakuransa ba.

Na biyu, za a ce ai gaskiyar Biff ba ta ceci Willy ba, a daren da ya faɗe ta ma uban ya mutu. Wannan hujja ce mai nauyi, na daɗe ina juya ta. Amsata ita ce gaskiyar ta zo a makare. Kusan shekara 17 ke tsakanin ɗakin otal na Boston da wannan daren, kowa yana ɗora bulo a kan ƙarya har ginin ya fi ƙarfin mai rushewa. Biff ya fashe da kuka a jikin ubansa yana roƙon ya sake shi daga mafarkin nan, shi kuwa Willy abin da ya fahimta kawai shi ne yaron yana son sa, saboda haka bari ya bar masa kuɗin inshora ya zama babban mutum. Har a lokacin ma'aunin bai canja ba. Tawa ƙaryar wata bakwai ta yi, ta ci kuɗin adashi da kwana biyu na fushi. Da na bar ta ta shekara bakwai, da Allah kaɗai ya san abin da za ta ci.

Na uku, gaskiya ba ta ba da aiki. Tabbas. Wanda ya faɗa wa iyayensa halin da ake ciki zai fita ya tarar da kasuwar nan dai da kowa ke kuka da ita. Sai dai gidan da ya san gaskiya yana iya yin shiri: a san ko jari za a haɗa, ko wurin wani mai sana'a za a kai ka, ko haƙuri za a ƙara. Gidan da aka gaya wa an kusa kira, jira kawai zai yi.

Saboda haka 'yan uwa, kafin mu sa rigar yaye a ɗauki hoto, kowa ya binciki abin da ya kai gida. Mai kwas ɗin da ya maƙale ya ce sakamako ne bai fito ba, mai cewa wani honorabul ya karɓi takardunsa, wadda ta ce kuɗin furojet ne alhali bashi take biya, ku je ku warware tun abin yana ƙarami. In kuma a gidanku akwai uban da aiki ya ƙare masa, ya fara yawan shiru ko magana shi kaɗai, ko yana zancen gara ma ya huta, kada a ce rufin asiri ake yi. A zauna da shi, a kira wanda yake jin maganarsa, a kai shi asibiti in ta kama. Ina kuma roƙon ƙungiyar ɗalibai da 'yan kulob ɗin wasan kwaikwayo su duba yiwuwar shirya wannan wasa da Hausa a makon ɗalibai, a gayyato iyaye su zauna tare da mu a kalla. In an tashi, ni na ɗauki nauyin haɗa fitilun dandamali, wannan kam na iya.